Almakashin Cécile Decugis

Yau na sake kallon fim ɗin darakta Jean-Luc Godard na 1960, À bout de souffle, na tsaya a wurin da ake tafiya a mota: kyamara na bayan ƙeyar jarumar fim ɗin, Jean Seberg, titunan Faris suna ta tsalle. Cécile Decugis ce mai tace hoton, wato mai yanka shi da haɗa shi. A ƙa'ida, in za a haɗa hoto biyu na mutum ɗaya, sai kyamara ta kauce aƙalla digiri 30, in ba haka ba ido ya ga tsalle. Fim ɗin ya yi tsawo, sai aka riƙa datse tsakiyar hoto, magana kuwa tana tafiyarta. Ƙananan hotuna 24 ne ke yin daƙiƙa guda, da hannu ake yankawa a manna.

Daga baya ta tace wa darakta Éric Rohmer fina-finai da dama. Yana damuna yadda ba a cika ambaton sunanta ba.