Maɓallin tsakiyar manet da rigimar Big Picture a shagona

Shagon wasannin da nake riƙewa a Sabon Gari, nan Damagaram, da PlayStation aka fara shi. Da kasuwa ta ɗan yi kyau sai na ƙaro kwamfutocin da aka taɓa amfani da su daga Kano, na jona su da tele, na zuba musu Steam, wato shirin da ake saye da buga wasanni a kwamfuta, don wasannin can sukan yi araha lokacin rangwame, wasu ma kyauta ne, kamar eFootball tun 2021. Matasa na biyan dala ashirin su buga wasa ɗaya. A wannan kuɗin, duk abin da ya katse wasa a tsakiya rigima ce, kuma a kaina take ƙarewa.

Abin da ya yi ta katse mana wasa shi ne Big Picture. Ga wanda bai sani ba, wata fuska ce ta Steam mai cika allo gaba ɗaya, da manyan hotuna da manyan rubutu, wadda ake iya sarrafawa da manet kaɗai. Kamfanin Valve ya fito da ita a 2012 domin mai zama a falo nesa da tele, wanda ba ya son tashi neman linzamin kwamfuta. A farkon 2023 aka sauya mata kama, ta koma irin fuskar Steam Deck, ƙaramar na'urar hannun da suka fitar a 2022. Aikinta take yi yadda aka tsara ta. Sai dai an tsara ta ne da mutum ɗaya a rai, mai injinsa da asusunsa, ni kuwa manet ɗina yana wucewa ta hannun yara da samari da dama kafin magariba.

Matsalar tana cikin maɓallin nan na tsakiya, mai tambarin Xbox ko PS. Da shi ake kunna manet marar waya. Shi ne kuma Steam ke saurare a matsayin kira. To manet ya mutu a tsakiyar wasa saboda batir ya yi sanyi, yaro ya danna don ya tayar da shi, ya ga bai amsa ba ya sake dannawa, sai allo ya juye. Wanda ake ci ya ce a sake daga farko, wanda ke ci ya rantse da gangan aka yi. Akwai kuma masu yi da gangan ɗin, na san su. A tsofaffin injina irin nawa, buɗewar ma tana sa wasa ya riƙa tsalle-tsalle har sai an rufe.

Rigimar yara dai ana sasanta ta da ƙarin wasa ɗaya kyauta. Abin da ya tayar mini da hankali shi ne ranar da ƙanena, wanda ke zama a shagon da rana, ya kira ni ya ce, "Yaya, forfen da ka sa jiya ya ƙare." Da muka duba, wani ne ya shiga Big Picture, ya yi ta yawo cikin jerin wasannina, ya danna sauke wani da na goge tuntuni don rashin wuri. Wasannin yanzu giga hamsin ba komai ba ne a wurinsu. A fuskar Steam ta yau da kullum sai da linzami, linzamin kuwa yana cikin akwatin tebur a kulle. Big Picture ta ɗauki duk ikon nan ta miƙa wa duk wanda ke riƙe da manet: ya sauke, ya goge, ya shiga kanti, har ya kashe injin.

Abin da na fahimta da na zauna a kan lamarin shi ne, ba ta hanya ɗaya take buɗewa ba. Kamar gida ne mai zaure da ƙofar baya da ta makwabta, ka rufe ɗaya ka kwanta, a shigo ta wata. Shi ya sa za ka ji wani ya ce ya kashe abu kaza ya huta, kai ka kashe shi bai yi maka komai ba. Tambayar da ta raba mini gardama ita ce: yaushe take buɗewa? Da kunna injin ne, ko da danna maɓalli, ko a cikin wasa?

Injinana a Faransanci suke, don haka sunayen da zan ambata su ne na wannan harshen. Mai na Turanci zai gane wurin, jerin ɗaya ne.

In da kunna Steam take buɗewa, abin mai sauƙi ne. Ka danna Steam a saman hagu, ka shiga Paramètres, sannan Interface. Akwai layin da ke cewa a fara Steam cikin Big Picture, ka kashe shi. Ɗaya daga cikin injinan nawa da wannan a kunne na same shi, ina jin wani yaro ne ya kunna. Ya fi fitowa fili lokacin zafi, watan Afrilu da Mayu, da wuta ke yawan ɗaukewa: duk dawowar kuran injin ya tashi, Steam ya tashi, sai babban allo.

Wani injin kuma layin a kashe yake amma bai daina ba. A nan na daɗe. Ashe wanda ya sayar mini ya taɓa amfani da shi a falo, ya ƙara kalma a cikin gajeriyar hanyar da ke buɗe Steam. In ka danna alamar Steam ta kan tebur, wato allon farko na Windows, da maɓallin dama na linzami, ka shiga Propriétés, za ka ga layin Cible mai nuna inda steam.exe yake. In bayan sunan akwai -bigpicture ko -tenfoot ko -gamepadui, to umarni ne da ke tsallake duk abin da ka saita a ciki. Ka goge kalmar kawai, ka bar sauran. Kada ka tsaya a kan tebur: danna maɓallin Windows da R, rubuta shell:startup, ka duba ko akwai wata irinta a ɓoye a can, domin duk abin da ke cikin wannan jakar yana tashi tare da injin. Tawa a can take.

Na maɓallin tsakiya yana ƙarƙashin Manette a cikin Paramètres. Layin yana maganar maɓallin Guide, wato na tsakiyar nan, cewa ya riƙa jawo Steam gaba. Ka kashe. Kusa da shi akwai wani da ke ba da damar haɗa Guide da wasu maɓallai don yin abubuwa irin su ɗaukar hoton allo ko fito da allon haruffa. Shi ma na kashe, ba wanda ya biya dala ashirin don ɗaukar hoto. Sai na lura da wani abu a injinana: ko bayan wannan, in tagar Steam ce a gaba, maɓallin yana iya buɗe babban allon. Maganin da na yi shi ne hana tagar fitowa sam. Na sa wa kowane wasa alamarsa a kan tebur, na kuma ƙara -silent a ƙarshen layin Cible ɗin nan, wanda ke sa Steam ya tashi ya laɓe a gefen agogo ba tare da ya buɗe taga ba. Ƙanena ya danna alamar wasa, wasa ya buɗe, shi ke nan.

Na cikin wasa yana ƙarƙashin En jeu. Akwai zaɓin da ke cewa in ana amfani da manet a riƙa nuna shimfiɗar Big Picture a kan wasa. Na kashe shi. A wasannin ƙwallo ma na shiga Propriétés na kowanne na kashe shimfiɗar Steam ɗin ɗungurum. An ce mini hakan zai hana sayen abubuwa a cikin wasa, domin ta wannan shimfiɗar ake tabbatar da biya. Na ce madalla, abin da nake nema ke nan.

Da na gama duk wannan, yaro ya danna maɓallin, sai wani abu daban ya fito daga sama. Wannan ba na Steam ba ne, Game Bar ne na Windows, shi ma kunnensa na kan maɓallin. A Paramètres na Windows, ƙarƙashin Jeux, akwai inda ake hana manet buɗe shi.

A fadarmu wani abokina mai gyaran waya ya ba ni shawarar in kashe Steam Input gaba ɗaya in huta. Ban bi ba. Yawancin manet ɗin da ke hannuna na PS4 ne, wasannin kwamfuta da yawa kuwa yaren manet ɗin Xbox kaɗai suke ji, Steam Input ne ke tafinta tsakaninsu. Ka kashe shi, ka wayi gari da manet mai haske amma ɗan wasa ba ya motsi. Wanda ke amfani da DS4Windows ya sani shi ma bai tsira ba, domin shirin yana mayar da maɓallin PS ya zama Guide na Xbox, Steam kuma ya ji shi kamar kullum.

Na koya wa ƙanena abu ɗaya don ranar da ta ɓaci: in babban allon ya fito, ya danna Alt da Entrée tare, zai koma ƙaramar taga. Yakan bi injinan ya duba layukan nan duk lokacin da Steam ya sabunta kansa, tunda wurin zamansu ya taɓa sauyawa a babban gyaran fuska na Yunin 2023. Injin da na kai gida kuwa, wanda nake bugawa da dare bayan an rufe shago, na bar masa Big Picture a kunne, don daga kan tabarma nake wasa kuma ba ni da tebur a ɗakin.