Ranar da Kawu ya tsayar da ni a tashar 125th Street

Asabar, bayan isha'i.

Ƙafafuna sun yi tsami, amma ba zan kwanta ba sai na rubuta abin da ya faru yau, tun yana da ɗuminsa.

Kwanan Kawu goma sha ɗaya ke nan a New York. Sunan jikarsa ne ya kawo shi, kuma tun da aka watse daga taron bai yi nisa da gida ba, daga ɗaki sai masallaci, don sanyin ƙarshen shekarar nan ya ɗaure masa gaɓoɓi. Da hantsi na ce, "Kawu, ko za ka daure mu je Harlem dubiya? An sallamo mutumin garinmu daga asibiti." Bai musa ba. Ya ɗora rigar sanyina a kan kaftaninsa, ya ja hula har kunne, muka fita.

Mun shiga jirgi mai lamba 1 a tashar 231st Street. A wannan yanki na Bronx a sama jirgin yake tafiya, kan ginshiƙan ƙarfe, ko da yake sunansa jirgin ƙarƙashin ƙasa. Muka haye kogin Harlem, sai a Dyckman Street ya kutsa cikin tsauni, duhu ya rufe tagogi. Kawu ya zaro carbi. Da muka tsaya a 191st Street na raɗa masa cewa duk birnin babu tashar da ta kai wannan zurfi, abin da ke bisa kanmu ya haura ƙafa 170. Ya ce, "Ɗana, wannan labarin ajiye shi sai mun fita."

Muna barin 137th Street ba da jimawa ba, kwatsam sai haske ya cika tarago. Ga motoci can ƙasa, ga mu muna daidai da tagogin saman benaye. Kawu ya dafa gwiwata.

"Yaushe muka hau? Ni fa ban ji mun hau ba."

Shekara bakwai ina bin layin nan. Amsar na san ta, na taɓa karantawa, amma ba ta taɓa shiga jikina ba sai yau da ya tambaya. Jirgin bai hau ba, ƙasa ce ta sauka ta bar shi. Tsakanin tudun Hamilton Heights a arewa da tudun Morningside Heights a kudu akwai kwari mai zurfi, wanda ya bi wata tsohuwar tsaga a jikin dutsen da Manhattan ke zaune a kai. Da maginan sun dage lallai sai a ƙarƙashin ƙasa, da sai jirgi ya gangara har gindin kwarin sannan ya sake haurowa da lodin mutane, kullum, safe da yamma. Sai suka bar layin dogo ya miƙe abinsa, suka yi masa gada. Yana fitowa daga rami a 135th Street, ya bi ta iska tsawon ƙafa 2,174, ya sake shigewa a 122nd Street. Tashar 125th Street a kan wannan gadar take.

Muka sauka, jirgi ya wuce, Kawu ya ƙi motsawa. Ni kuwa a kullum ƙofa na buɗewa matakala nake nufa, ko waiwaye ba na yi. Yau dole na tsaya na duba tare da shi. Dakalin jira biyu ne suna fuskantar juna, ɗaya na masu zuwa kudu, ɗaya na masu komawa arewa, da layin dogo uku a tsakaninsu. Na tsakiyar babu dakali a gefensa, kuma jiragen da ke ɗaukar mutane yau da kullum ba sa binsa. Akwai rumfa a tsakiyar kowane dakali, amma can bakinsa sai iskar kogin Hudson ta yi ta dukan fuska. Da farko dakalan gajeru ne, sai a ƙarshen shekarun 1940 aka ƙara musu tsawo don su ɗauki jirgi mai tarago goma. Daga inda muke muna hango hasumiyar cocin Riverside, da dogayen gidajen jan bulo ta gabas, da sababbin gine-ginen gilashi na Jami'ar Columbia, har da ɗan ƙyallin ruwa da gaɓar New Jersey a hayi.

Wani jirgi ya shigo ta ɗaya hannun, dakali ya ɗauki rawa a ƙarƙashin takalmanmu. Na ɗauka Kawu zai tsorata. Sai na ga ya ƙara dasa ƙafa, ya karkata kai kamar mai sauraron numfashin majinyaci. Kawu maƙeri ne ɗan gado a Zariya, daga baya ya koma walda, shekara fiye da arba'in yana hulɗa da ƙarfe. Da jirgin ya tafi ya ce, "Lafiyarsa ƙalau. Mu je in ga ƙasansa."

Daga dakali matakala ke kai mutum wani ɗaki da ke rataye a ƙarƙashin layin dogo, inda ƙofofin biyan kuɗi suke. Daga nan sai doguwar matakala mai tafiya da kanta, cikin rufaffen lungu, ta sauke ka a gefen titin Broadway. Na riƙe masa hannu har ƙasa. Muka ɗan ja baya zuwa kwanar titi, ya ɗaga kai, hularsa ta kusa faɗuwa.

"Kai! Bakan gizo!"

Wallahi da gaskiyarsa. Abin da ya ɗauki tashar baka ne guda na ƙarfe, ya tashi daga wannan gefe na titin 125th ya dira a wancan, ƙafa 168 da rabi babu ginshiƙi ko ɗaya a tsakiya, jirgi kuma yana wucewa sama da ƙafa 50 bisa kan mutane. Titin a karkace ya yanki Broadway, kuma a wancan zamani motocin lantarki masu bin layin dogo suna wucewa ta nan, don haka ba a so a cika mararrabar da ginshiƙai. Kawu ya ce dabarar ɗaya ce da ta bakunan tsohon masallacin Juma'a na Zariya da Babban Gwani Muhammadu Durugu ya gina: nauyi ya hau ƙugu, ya gangara gefe da gefe, tsakiya ta zauna a buɗe. Can da azara da ƙasa, nan da ƙarfe. Shekara bakwai ina wucewa ta ƙarƙashin abin nan, ban taɓa haɗa shi da gida ba.

Sai ya matsa jikin wani ginshiƙi, ya cire safar hannu duk da sanyin, ya shiga shafa kawunan ƙusoshin da suka jeru a kai, dunƙulallu kamar rabin ƙwallon goruba ƙanana, fenti ya hau kan fenti. Ya ce in duba da kyau, ba walda ce ta riƙe wannan aiki ba. Ya kwatanta mini yadda ake yi, yana nunawa da hannu. Mutum ɗaya yana gaban wuta yana gasa ƙusa har ta yi jawur, ya ɗauke ta da awartaki ya cilla. Na biyu ya cafe a gwangwani ya zura ta a huda. Na uku ya tokare kanta ta baya da sandar ƙarfe, na huɗu ya yi ta dukan ɗaya bakin har ya zama kai. Idan ta huce sai ta tsuke, ta matse faranti biyun kamar an haife su tare. Ya ce, "Kowace ɗaya da kake gani, sai da mutum huɗu suka yarda da juna."

Ya tambayi shekarun gadar. Na ce an buɗe tashar ranar 27 ga Oktoban 1904, rana ɗaya da layin farko na jirgin ƙarƙashin ƙasa na New York, wanda ya tashi daga City Hall zuwa 145th Street da tashoshi 28, kuma a cikinsu wannan ce kaɗai take sama. Kuɗin shiga a lokacin santi biyar. Sunanta na farko Manhattan Street, domin haka ake kiran wannan karkataccen titi kafin a mai da shi 125th Street a farkon shekarun 1920. Kawu ya yi lissafi da yatsu. Ya ce shekara guda ke nan bayan Turawa sun ci Kano, kuma shekara bakwai kafin layin dogo ya isa can a 1911. Ya jinjina kai.

"To, su wa suka yi?"

Na ambaci William Barclay Parsons, babban injiniyan aikin, da August Belmont, attajirin da ya tsaya da kuɗi. Ya ce ba su yake nufi ba, masu guduma yake tambaya. Na ce yawancin leburorin da suka yi aikin layin baƙin haure ne daga Italiya da Ireland, da kuma baƙaƙen fatar Amurka. A nan ne abin ya sosa mini rai, har na rasa abin ƙarawa. Mutane ne da suka baro garuruwansu kamar yadda muka baro namu, suka hau sama cikin irin wannan iska suna cafe jan ƙarfe. A 1981 birnin ya sa gadar cikin kayan tarihin da doka ta hana a rushe, kuma ta cancanta. Amma a ganina wanda ya fi girmama masu aikin yau shi ne tsohon nan da ya tsaya da hannu tsirara yana ƙirga ƙusa, ya ce Allah ya saka wa hannun da ya buga su.

Mun kusa awa guda a wurin. Dubiyar kanta ba ta ɗau lokaci ba: mara lafiya ya ji sauƙi, alhamdulillahi, muka yi azahar a gidansa, aka ba mu shayi, muka yi sallama.

Da za mu koma akwai jirgin da ya fi kusa da mu, amma Kawu ya ce ta gadarsa zai bi. Muka hau bas muka dawo Broadway. Rana ta yi sanyi, an fara kunna fitilu. Ya sa na ɗauki hoton bakan daga ƙasa, da na layin ƙusoshin dab da dab, har sau uku sai da kawunan suka fito sarai. A cikin jirgi bai zaro carbi ba sai da muka shige rami.

Yanzu haka ina jin muryarsa daga falo, yana aika wa yaran shagonsa saƙon murya ta WhatsApp. Ya tura musu hotunan, yana cewa su buɗe na biyun su ƙara girmansa, su duba tazarar da ke tsakanin ƙusa da ƙusa.