Waɗanda Ba Su Kwanta Ba Fa?

A shekarata ta farko a aikin sa ido kan cututtuka, a wata ƙaramar hukuma da ke bakin kogin Haɗejia, amai da gudawa ya ɓulla a wani ƙauye bayan ambaliyar damina. Na bi majinyata gida gida da littafina, na tarar kusan dukkansu rijiya ɗaya suke sha, sai na rubuta cewa rijiyar ce tushen cutar, har na yi niyyar roƙon dagaci ya sa a rufe ta. Wani dattijon ma'aikaci, wanda ya yi aiki lokacin annobar sanƙarau ta 1996, ya karanta rahoton, ya ce: "Ɗana, waɗanda ba su kwanta ba fa, ina suke ɗibar ruwa?" Na rasa amsa, domin ban tambayi mai lafiya ko ɗaya ba. Da na koma, ashe kusan duk ƙauyen ne ke shan rijiyar.

A ranar ya zana mini gida huɗu a takarda: waɗanda suka sha suka kamu, waɗanda suka sha suka tsira, waɗanda ba su sha ba suka kamu, da waɗanda ba su sha ba suka tsira. A ce mutum 20 cikin 100 da suka sha sun kamu, mutum 5 kuma cikin 100 da ba su sha ba, to haɗarin masu sha ya ninka na sauran sau huɗu; idan kuwa kason ya zo daidai a ɓangarorin biyu, babu hujjar zargin rijiya, komai yawan majinyatan da suka ambace ta. Ko likitan nan na Ingila, John Snow, da ya gano famfon da ke yaɗa kwalara a Landan a 1854, bai tsaya kan mamata kaɗai ba, sai da ya bincika dalilin da ya sa ma'aikatan wata masana'anta da ke kusa da famfon suka tsira.

Abin da ya fi ba ni wahala har yau shi ne sanin adadin mutanen da zan raba lissafin da su. Rabon ƙasar nan da ƙidaya tun 2006, ga Fulani makiyaya da 'yan cirani suna shiga suna fita, shi ya sa na fi dogara da jerin gidajen da ma'aikatan rigakafin shan inna suka tsara tare da masu unguwanni. Rajistar asibiti ma tana ruɗi, saboda wanda ya sayi magani a kemis, ko matar da ruwa ya tare wa hanya, ba sa shiga cikinta, kuma sau da yawa ƙauyen da ya fi nisa shi ne ke bayyana kamar ya fi kowa lafiya.

Da muka sake bin gidajen, masu ciwo da masu lafiya, bambancin ya fi fitowa a gidajen da ake barin randa a buɗe, kowa yana tsoma moɗa da hannunsa. Mutanen ba su da yawan da zan rantse a kan sakamakon, kuma haka na rubuta a rahoton. Na je gaban dagaci na ce: "Ranka ya daɗe, a bar rijiyar a zuba mata kulorin, amma randunan gida muke so a fara da su." Washegari sankira ya zaga gari da sanarwar.