Laraba, ranar da na zama lamba 47

Tun bayan sallar asuba na fita neman wata takarda a wani ofishi, ban dawo gida ba sai da la'asar ta yi sanyi. A bakin ƙofa aka damƙa mini 'yar takarda mai lamba 47, kuma wunin nan cur ba wanda ya tambayi sunana. Da aka ƙwala "Arba'in da bakwai!" zumbur na miƙe, har da "Na'am, ranka ya daɗe." Murna ma nake yi layi ya zo kaina.

Bayan isha'i aka ɗauke wuta, sai ƙanena ya miƙo mini wayarsa: "Yaya, kalli wannan, minti 18 ne kacal." Fim ɗin 'yar tsana ne, ba magana ko ɗaya a ciki, sunansa Ruka, wato Hannu. Jiri Trnka ya yi shi a Cekoslobakiya a 1965, zamanin mulkin kwaminisanci.

Wani magini ne a ɗan ɗakinsa, ba abin da yake so sai ya gina wa furensa tukunya. Kwatsam wani ƙaton hannu sanye da farar safa ya kutso ta taga, ya murɗe yumɓun ya mai da shi siffar hannu. Magini ya ce allambaran. Hannu ya kawo masa tarho, ya kawo talabijin da ba ta nuna komai sai hannuwa. Da lallashi ya ƙi ci, aka ɗaura masa zare a gaɓoɓi, aka jefa shi keji yana sassaƙa gunkin Hannu, aka kuma maƙala masa lambobin yabo. Ya samu ya gudo gida, yana ta toshe ƙofofi, sai tukunyar furen nasa ta faɗo masa a ka, ya mutu.

Abin da ya hana ni barci jana'izar ce. Hannun da ya ƙuntata masa shi ya shirya shi a akwati, da fure, har yana sara masa. Ka ci mutum da ransa, sannan ka gaje gawarsa! Trnka kansa ya rasu a 1969, hukuma ta karrama shi, fim ɗin kuwa aka hana nuna shi kusan shekara 20.

Takardata dai ba ta fito ba. Sun ce in koma gobe da sassafe in karɓi sabuwar lamba, wai mai sa hannu bai zo ba.