Rayuwar Marlene Dietrich, Kashi na 3: Daren da Ta Bar Berlin

A makon jiya mun tsaya a shekarar 1929. Marlene, 'yar wasa 'yar ƙasar Jamus, na da shekara 27, ga mijinta Rudolf Sieber, ga 'yarta Maria, ga fina-finai marasa magana fiye da goma da ta fito a ciki, amma babu wanda ya ɗaga ta. Gogen Turawa da ta so ta riƙe sana'a tun tana budurwa, ciwon wuyan hannu ya raba ta da shi. Wasan daɓe ne ke rufa mata asiri a gidajen wasa na Berlin.

A lokacin, babban jarumin Jamus shi ne Emil Jannings. Shi ne namiji na farko da ya karɓi kyautar Oscar ta gwarzon ɗan wasa, amma da fim ya fara magana, Turancinsa mai nauyin Jamusanci ya rufe masa ƙofa a Amurka, ya dawo gida. Kamfanin fina-finan Jamus mai suna Ufa ya shirya masa fim mai sauti, aka ɗauko darakta Josef von Sternberg daga Hollywood, wanda suka taɓa aiki tare. Labarin daga littafin Heinrich Mann aka ciro shi: wani malamin makaranta mai tsauri ya bi sawun ɗalibansa zuwa gidan rawa don ya kama su, sai shi ya faɗa tarkon mawaƙiyar gidan, Lola Lola. Ya aure ta, aiki ya kuɓuce masa, mutunci ya zube, har ya koma ɗan kama yana cara irin ta zakara a gaban mutanen garinsu. Sunan fim ɗin Der blaue Engel, wato sunan gidan rawar.

Matsalar ita ce wa za ta fito a Lola. Kowa da tasa 'yar takara. Shi kansa marubucin littafin Trude Hesterberg yake so. Sternberg ya je kallon wani wasan daɓe mai suna Zwei Krawatten don ya ga 'yan wasan da aka riga aka ɗaukar masa, irin su Hans Albers, sai idonsa ya sauka kan wata mace a gefe da ko a jikinta, kamar 'yan kallon ba su ishe ta kallo ba. Marlene ke nan.

Gwajin da aka yi mata a gaban kyamara yana nan har yau, kuma duk wanda ya kalle shi zai gane abin da daraktan ya hango. Tana tsaye bayan fiyano tana waƙa da fuskar salihai, mai kiɗa ya kuskure, nan take ta rikiɗe ta balbale shi da faɗa, sannan ta koma murmushi kamar ba ita ba. Daga bisani ta taka kan fiyanon ta hau ta zauna. A ganina Lola ke nan gaba ɗaya, tun kafin a ɗauki komai.

An yi aikin a sutudiyon Babelsberg daga ƙarshen 1929 zuwa farkon 1930. Aiki ne mai cin rai, domin kowace fitowa sau biyu ake ɗauka, da Jamusanci sannan da Turanci, saboda kasuwar waje. Friedrich Hollaender ya tsara waƙoƙin. Sunan Jannings ne a sama, kuɗinsa ma ba a haɗa shi da nata ba ko kusa. Amma ɗan hakin da ka raina shi ke tsone maka ido. Jannings ya yi wasa na gwaninta, kada a zalunce shi, sai dai salonsa na zamanin fim marar magana ne, da zare ido da jijjiga jiki. Ita kuwa zama kawai take yi a kan ganga, da doguwar hula a ka, ta rera waƙa da muryar da ba ta roƙon kowa.

Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne manyan Ufa ba su riƙe ta ba. Kamfanin Paramount na Amurka ya miƙo kwantiragi, ta sa hannu.

Ranar 1 ga Afrilu, 1930 aka fara haska fim ɗin a silimar Gloria-Palast da ke Berlin. Ta fito gaban jama'a ta karɓi tafi, kuma a daren nan ta kama jirgin ƙasa zuwa Bremerhaven, inda jirgin ruwa mai suna Bremen ke jira. Maria, mai shekara 5, aka bar ta wajen babanta. Washegari jaridun Berlin suka tashi da sunan Marlene, ita kuwa ta riga ta bar garin.

Mako mai zuwa, in Allah ya kai mu, za mu sauka da ita New York, mu ga yadda aka yi ta sa kwat da wandon maza a fim ɗinta na farko a Amurka.