Biskit ɗin markaɗen gyaɗa na kare: awo, gashi da busarwa

Kare bai damu da ado a biskit ba. Ƙamshin gasasshiyar gyaɗa kaɗai ya isa ya zaunar da shi a ƙofar kicin yana kaɗa wutsiya. Shi ya sa kwaɓin ba shi da wahala: gari, markaɗen gyaɗa, ƙwai da kabewa, shi ke nan. Wuri biyu ake yawan yin tuntuɓe, wato kwalbar markaɗen da aka ɗauko tun farko, da kuma ruwan da ke maƙale a cikin biskit bayan an sauke shi.

A fara da kwalbar. Markaɗen gyaɗa da ake nufi a nan shi ne wanda ake shafa wa burodi, wasu na ce masa botan gyaɗa. Kafin a buɗe murfi, a juya bayan kwalbar a karanta jerin abubuwan da aka haɗa shi da su, layi bayan layi. Abin da ake farauta shi ne zailitol, wani sinadarin zaƙi da ake sa wa a madadin sukari. A jikin kwalba ana rubuta shi xylitol, wani lokaci birch sugar, wani lokaci kuma lamba kawai, E967. An fi samun sa a irin waɗanda aka rubuta musu cewa ba sukari a ciki, ko waɗanda aka yi don masu rage ƙiba. Ga mutum ba wani abu ba ne. Amma jikin kare yana ɗaukar sa tamkar sukari ne ya shigo da yawa, sai ya saki insulin, wato sinadarin da ke rage sukarin jini, ba ƙaƙƙautawa, sukarin jininsa ya faɗi warwas. Kashi ɗaya cikin goma na giram ga kowane kilo na nauyin kare ya isa ya jawo haka, ke nan giram ɗaya tak ga kare mai kilo 10. Idan ya kai rabin giram ga kowane kilo, hanta ce ke shiga haɗari. Alamun kan bayyana tsakanin minti 10 zuwa awa ɗaya, wani lokaci su yi jinkiri: amai, kasala, tangaɗi, sai jijjiga. Idan kare ya ci, ba a jiran alamu, ba a kuma ɗura masa wani abu a gida don ya yi amai. A ɗauki kwalbar a tafi da shi wurin likitan dabbobi nan take. Zafin oben ba ya rage wa zailitol guba ko kaɗan.

Kwalbar da ta fi dacewa ita ce wadda jerin nata bai wuce kalma ɗaya ba: gyaɗa. In akwai ɗan gishiri ba laifi, amma marar gishiri ya fi. Wanda aka haɗa da cakulan a bar shi a kan kanta.

Mai injin markaɗe mai ƙarfi yana iya yin nasa. A gasa ɓararriyar gyaɗa a digiri 175 na ma'aunin Salsiyas na minti 10 zuwa 12, a bari ta huce, a murje jan ɓawon, a zuba a inji. Da fari za ta zama gari, sannan ta dunƙule kamar za ta tsayar da injin, a nan mutane da yawa ke karaya su zuba ruwa ko mai. A daure. A kashe, a kankare gefe, a sake kunnawa. Cikin minti huɗu zuwa biyar manta zai fito da kansa ta saki. Sai dai tsintar gyaɗar kafin gashi ta fi markaɗen muhimmanci. Gyaɗar da ta sha danshi a ajiya tana yin fumfuna mai haifar da guba da ake kira afalatoksin, mai lalata hanta, kuma karnuka na cikin dabbobin da ba sa jure ta. A ƙarshen 2020 da farkon 2021 an janye wani abincin karnuka daga kasuwa a Amurka saboda wannan guba, kuma hukumar kula da abinci da magunguna ta ƙasar, FDA, ta samu rahoton mutuwar dabbobi sama da 100. Wancan daga masara ta fito, amma gyaɗa ma gidanta ce. Duk ƙwayar da ta yamushe, ko ta yi baƙi, ko ta yi kore-kore, ko take warin ruma, a zubar. Gashi bai isa ya kawar da gubar ba.

Awo

Da sikeli ya fi, don kofi yana ƙarya: wani ya danna gari, wani ya zuba sako-sako. Ana buƙatar garin alkama giram 250, markaɗen gyaɗa giram 125, ƙwai babba ɗaya, da dafaffiyar kabewa da aka dame giram 120. Ruwa a ajiye shi a gefe, mai yiwuwa ba za a buƙace shi ba. Garin alkama da ba a cire wa dusa ba ya fi, amma farar fulawa ma tana yi. Wanda ba shi da kabewa ya dame nunanniyar ayaba guda ɗaya, sai dai ya san tana da sukari, don haka biskit ɗin zai fi saurin yin duhu. Kabewar a turara ta ko a gasa, kar a dafa ta tsundum cikin ruwa. In an riga an dafa, a bar ta a rariya ta tsane sosai.

Ba sukari, ba gishiri, ba zuma, ba bota. Bekin foda ma ba ta da aiki a nan, domin biskit mai tauri ake so, ba mai kumburi ba. Abubuwan da hannu ya saba jefawa a biskit ɗin mutane kuwa, wasunsu guba ne ga kare: cakulan da garinsa, zabibi da inabi masu iya kashe ƙoda, gyaɗar ƙamshi, ƙwayar makadamiya, albasa da tafarnuwa ko da garinsu ne. Yis ma a bar shi. Ɗanyen kwaɓi mai yis yana ci gaba da tashi a cikin cikin kare.

Kwaɓi da murji

A juya markaɗen a cikin kwalbarsa tukuna har man da ya taso sama ya koma ciki. In ba a yi haka ba, na sama zai ba da kwaɓi mai zubar da mai, na ƙasan kwalba kuma ya ba da kwaɓi mai wargajewa. A haɗa markaɗe, ƙwai da kabewa a kwano har su zama abu ɗaya, sannan a riƙa zuba gari kashi uku, ana juyawa. Idan cokali ya gaza, a sa hannu a cuɗa na minti ɗaya zuwa biyu, iyakar abin da zai haɗe shi. A rufe a bar shi minti 10.

Wannan hutun ba ɓata lokaci ba ne. Dusar alkama a hankali take shan ruwa, don haka kwaɓin da ya yi kama da mai danƙo yanzu zai daidaita da kansa. Mai gaggawa sai ya ƙara gari, bayan minti goma kuma ya tarar da abu kamar yumɓun da ya kwana. Bayan hutun a gwada: a yanko ɗan kaɗan a mulmula a danna da yatsa. In gefen ya tsattsage sosai, a ƙara ruwa babban cokali ɗaya, a cuɗa, a sake gwadawa. In yana manne wa yatsa, gari cokali ɗaya. Idan ɗakin da zafi kuma kwaɓin ya yi laushi yana ƙyalli da mai, minti 20 a firij ya fi ƙarin gari amfani.

Kauri milimita 6 zuwa 7 ake so, kuma daidaito ya fi lambar kanta muhimmanci, don siriri zai ƙone kafin mai kauri ya gasu. Dabara mai sauƙi: a shimfiɗa kwaɓin tsakanin takardar gashi biyu, a ajiye fensir ɗaya a dama ɗaya a hagu, a riƙa murza abin murji a kansu. Da zarar ya hau kan fensiran biyu ya daina taɓa kwaɓi, kauri ya yi daidai ko'ina. In kwaɓin yana ja da baya bayan an murza shi, an cuɗa shi fiye da kima. A bar shi ya ƙara hutawa.

A yanka da abin yanka mai faɗin santimita 4, ko da bakin ƙaramin kofi. Wannan awon yana ba da kusan guda 60. Siffar ƙashi tana da kyau a hoto, amma kunnuwanta ne ke fara ƙonewa, kuma karen bai san an yi ba. Yanka murabba'i da wuƙa ya fi sauri, ba ya barin ragowa. A soki kowanne sau biyu da cokali mai yatsu don tururi ya samu hanyar fita, in ba haka ba tsakiyar za ta kumbura ta riƙe danshi. Guntayen ɗanyen kwaɓi kada a jefa wa karen da ke tsaye yana kallo, domin ɗanyen gari da ɗanyen ƙwai duka suna iya ɗauke da ƙwayoyin cuta irin su salmonela.

Gashi, sannan busarwa

A kunna oben ya yi zafi tukuna, digiri 175, ko 160 in mai fanka ne. A jera su a tire mai takardar gashi, da ɗan tazara kaɗan tun da ba sa baɗewa, a sa a tsakiya. Minti 20 zuwa 25. A rabin lokaci a juya tiren, na gaba ya koma baya. Kalar sama tana ruɗi saboda kwaɓin dama ruwan ƙasa ne. A ɗaga ɗaya a duba ƙasansa. In ƙasan ya yi baƙi alhali tsakiya na da laushi, ko wuta ta yi yawa, ko tiren baƙi ne siriri mai saurin ɗaukar zafi. A rage digiri 10 zuwa 15 a zagaye na gaba.

A wannan matakin biskit ya gasu, amma bai bushe ba, kuma nan ne mafi yawan mutane ke tsayawa. A juya kowanne, a rage wuta zuwa digiri 110, a ƙara musu minti 30 zuwa 45. Bayan haka a kashe, a ɗan buɗe ƙofar oben a tokare ta da cokalin katako, a bar su ciki har su huce. A fitar da ɗaya a karya. Wanda ya bushe yana karyewa ƙaras, cikinsa kala ɗaya daga gefe zuwa gefe. Wanda ya lanƙwashe kafin ya karye, ko aka ga wani layi mai duhu a tsakiyarsa, da sauran ruwa; a mayar da shi. Kabewa kusan kashi 90 cikin 100 ɗinta ruwa ne, kuma wannan ruwan sai ya fita. Biskit ɗin kanti yana daɗewa saboda an busar da shi sosai an kuma sa masa abin hana lalacewa. Na gida ba shi da kariya sai bushewa.

Kada a rufe su da ɗumi. Ko ɗan ɗumi kaɗan zai yi gumi a jikin murfi, gumin ya koma cikin biskit, washegari a tarar sun yi laushi, bayan kwana uku ko huɗu fumfuna ta fito. A bar su a kan raga awa biyu. Busassu sosai a mazubi mai rufuwa gam suna kai mako ɗaya zuwa biyu a wuri mai sanyi marar danshi, mako uku a firij, wata uku a firiza. Inda iska ke da zafi da laima, a bar na kwana uku kawai a waje, sauran a firiza. In aka ga fumfuna a guda ɗaya, duka za a zubar, domin wasu nau'o'inta na sa kare karkarwa da jijjiga. In kuma suka fara warin tsohon mai, man gyaɗar ne ya lalace.

Tsohon kare mai ciwon haƙori da ɗan kwikwiyo ba sa son mai tauri haka. A yi musu nasu dabam: a sauke a minti 15 zuwa 18, a tsallake busarwa, a ajiye a firij, a ƙarar cikin kwana biyar. Ko kuma a jiƙa busasshen a ruwan ɗumi na minti biyu.

Guda nawa

Markaɗen gyaɗa kusan rabinsa mai ne, babban cokali ɗaya yana da kalori kusan 95. Kwaɓin nan gaba ɗaya ya kai kalori 1,700, wato kusan 28 a kowane biskit idan an samu 60. Ƙa'idar da likitocin dabbobi ke bayarwa ita ce abin marmari kar ya wuce kashi 10 cikin 100 na abincin yini. Karen da ya gama girma mai kilo 10 yana buƙatar kalori wajen 600 a rana, don haka biskit biyu ne rabonsa. Mai kilo 25 guda huɗu, mai kilo 5 guda ɗaya, shi ma gara a raba shi biyu. Wannan lissafin ya haɗa da duk wata loma da wani a gida zai miƙa masa a ɓoye. In don horo ake so, a yanka su ƙanana kamar ƙwayar wake, a rage lokacin gashi zuwa minti 10 ko 12. Kare yawan miƙowa yake ƙirgawa, ba girma ba.

Akwai karnukan da sai an tambayi likita tukuna. Wanda ya taɓa yin kumburin fankiriyas, wato gaɓar da ke samar da insulin da ruwan narkar da abinci, abinci mai maiƙo na iya tayar masa da ciwon, don haka wannan biskit ba nasa ba ne. Haka mai ƙiba, mai ciwon sukari, da wanda aka ɗora a kan abinci na musamman saboda ƙoda ko ƙaiƙayin fata. Ga lafiyayyen kare kuma, ranar farko rabin biskit kawai, sannan a lura da shi kwana biyu. Zawo, amai, yawan sosa kunne ko lasar ƙafa na nuna wani abu bai karɓe shi ba, kuma sau da yawa alkamar ce ko ƙwan, ba gyaɗar ba. In alkama ce, a musanya da garin shinkafa giram 250. Shi ba shi da danƙon da ke riƙe kwaɓi, saboda haka zai riƙa tsagewa wajen murji: a sa ƙwai biyu maimakon ɗaya, a murza tsakanin takarda, a ɗauke kowane yanki da bakin wuƙa zuwa tire.