Yaron shago a Kwari da zancen gurguwar fahimta

Daga Maraɗi zuwa Kano ba wata tafiya ba ce. Ka bi ta Ɗan Isa, ka ƙetare a Jibiya, ka wuce Katsina, in shingayen hanya ba su riƙe ka ba a Kano za ka yi la'asar. Harshe ɗaya, alƙibla ɗaya, shi ya sa mutanen gida ba sa lissafa wanda ya zo nan cikin waɗanda suka tafi ƙasar waje. Kai da ka zo ne kake sanin ka bar ƙasarka: ranar da mai gidan haya a Kurna ya ce sai ɗan gari ya tsaya maka, ranar da banki ya ce kawo lambar NIN, ranar da ka canja nairar da ka tara zuwa sefa ka ga ɗan abin da ya rage a tafin hannunka.

Ta hannun kawuna na shiga Kantin Kwari, yaron shago a wurin wani Alhaji mai sarin atamfa da shadda. Ba takarda, ba albashi. Kuɗin abinci kullum, ɗinkin sallah, in ka kwanta ciwo ya biya magani, sai kuma alkawarin da ba a sa wa rana ba: ka yi haƙuri, ka riƙe amana, wata rana za a sallame ka da jari. Kai ke buɗe shago, kai ke kwance dila ka jera turmi-turmi, kai ke bin 'yan dako zuwa sito, kai ke tsayawa sai kuɗin mai saye ya shigo waya kafin kaya su fita.

Akwai wani ɗalibin jami'a da ke zuwa taya yayansa ciniki a shagon da ke kallon namu. Ran nan ya ji wani yaro ya ce "Alhaji ai uba ne, arziki kuma rabo ne", sai ya juyo gare ni, don ya san na yi lise, wato babbar sakandare a ƙasarmu Nijar: "Ɗan'uwa, ka ji ko? Wannan ita ce gurguwar fahimtar da ake faɗa. Ana tatsar su suna godiya."

Zancen gurguwar fahimta, wato talaka ya ɗauki tsarin da ke cutar da shi a matsayin daidai, ba baƙo ba ne a kunnena, malamin falsafa ya karantar da mu shi a ajin ƙarshe. Karl Marx da Friedrich Engels sun ce a kowane zamani tunanin masu mulki shi ne ke mulkin tunanin jama'a, domin mai riƙe da dukiya shi ke riƙe da hanyoyin yaɗa ra'ayi, har tsarin da mutane suka ƙago ya koma kamar haka aka halicci duniya. Amma ita maganar gurguwar fahimta ba ta fito daga alƙalamin Marx ba. Engels ne ya rubuta ta a wasiƙarsa ga Franz Mehring a 1893, kuma ba leburori yake nufi ba, masana yake nufi, masu zaton tunaninsu daga kansu kawai ya ɓullo alhali ba su san abin da ke tura su ba. Daga baya ne irin su Georg Lukacs, a 1923, suka ɗora ta a kan ma'aikata. Da na gaya wa ɗalibin haka dariya ya yi, amma bai ji daɗi ba.

Da zai zauna da mu wurin mai shayi bayan isha'i, da ya ji wani karatun. Yaron nan mai "Alhaji uba ne" ya san nawa aka saro kowace dila, nawa aka kashe kafin ta iso, nawa ta bari. Ya san kuɗin abincinsa na wata bai kai ribar dila ɗaya ba. Ya san an sa hannu a kan mafi ƙarancin albashi na naira 70,000 a Yulin 2024, gwamnatin Kano ta ce nata 71,000, ya kuma san dokar ba ta hau kan mai ma'aikata ƙasa da 25 ba, wato ba ta san da zamansa ba. Maganar gaban maigida daban, ta bayan idonsa daban. Wani masani Ba'amurke, James Scott, abin da ya tarar ke nan a wani ƙauyen manoman shinkafa a Malesiya: talaka na rusunawa da rana, da dare yana warware lissafin mai kuɗi tsaf. Mu baƙi kuwa rusunawarmu ta fi zurfi, tunda wanda ya tsaya maka a gidan haya shi ne wanda kake wa aiki.

Wani dattijo tela a Fagge, wanda ya yi PRP da ƙuruciyarsa, ya fi ɗalibin nan fahimtar abin. Na kai masa aiki muka shiga hira. Ya ce, "Ɗana, tun ran 8 ga Agustan 1950 da aka kafa jam'iyyar NEPU a garin nan aka rubuta cewa akwai gwagwarmaya tsakanin talakawa da masu riƙe da mulkin En'e. Kana zaton sai a ranar talaka ya san mai karɓe masa haraji? Ya sani. Bulala da gidan yari yake tsoro. Malam Aminu Kano baki ya ba shi, ba ido ba." Na ce, "Baba, mu ma a Nijar mun yi jam'iyyar Sawaba, ta Djibo Bakary, aka haramta ta a 1959." Ya ce ya sani, ya ƙara da cewa da Gwamna Abubakar Rimi ya soke haraji da jangali a 1979 bai ga talakan da ya nemi a yi masa bayanin amfanin hakan ba.

Duk da haka ban wanke mu tas ba. Akwai inda aƙida ta kama mu da gaske, kuma ba a zancen rabo ba ne, a zancen sallama ne. Kowane yaron shago kallon kansa yake a matsayin Alhajin gobe. In aka sallami mutum ɗaya, duk layi sai ya sani, a yi addu'a, a yi ta ba da misali da shi shekara da shekaru, mahaƙurci mawadaci. Wanda ya yi furfura yana yaron shago, da wanda aka laƙa wa sata aka kora dab da lokacin sallamarsa, ba mai ƙirga su. To wa zai nemi a kafa ƙa'idar da za ta ɗaure maigida, alhali yana jiran ranar da shi ma zai ɗauki yara kyauta? Antonio Gramsci, masani ɗan gurguzu da shugaban Italiya Mussolini ya ɗaure a 1926, a nan ya fi gaskiya: mulki mai ɗorewa ba da sanda kaɗai ake yin sa ba, sai na ƙasa ya ga kamar yana da kaso a ciki.

Sai kuma wanda ya fi yi mini ciwo. Da aka rufe iyaka a Agustan 2023 bayan juyin mulkin Yamai, masu sari daga Maraɗi da Damagaram da Agadas suka ɗauke ƙafa, ciniki ya faɗi, aka rage kuɗin abinci a shaguna da dama. Wani abokin aikina, wanda muke cin kwano ɗaya, ya dube ni ya ce, "Ku 'yan Nijar ku kuka ɓata aikin nan, ko nawa aka miƙa muku karɓa kuke yi." Zomo ba ya fushi da makashinsa sai maratayinsa.

'Yan dakon layinmu kuwa, waɗanda da yawansu 'yan ƙasarmu ne kuma ba su taɓa jin sunan Marx ba, ba wanda ya yi musu alkawarin jari. Bayan cire tallafin mai a Mayun 2023 suka haɗa baki a kan sabon kuɗin ɗaukar dila. Mota ta iso da safe, suka zauna a kan kurarsu ba wanda ya motsa. Alhaji ya yi faɗa, ya ambaci zumunci da shekarun da aka yi tare, ya aike ni in nemo wasu a layin baya. Na je na tarar su ma farashin ke nan. Kafin azahar ya biya.